Mu Huɗu a Bayan Makirfo Ɗaya

Assalamu alaikum. Na daɗe ina son rubuta wannan labari, nauyi ne ya hana ni. Abin da ya sa na daure yanzu shi ne yawan 'yan matan da nake gani suna shiga situdiyo a Kaduna da Zariya da Kano, muryoyinsu tangaran, amma ba wanda ya zaunar da su ya gaya musu abin da ke gaba. Ni na riga su bin hanyar. Na yi shekaru ina waƙa a talabijin cikin wata ƙungiya ta mata huɗu, an san fuskata a gari, daga baya muryar ta tafi, aure ya mutu, kuma yau ba ni da ko kaset ɗaya da zan nuna wa 'ya'yana. Ba zan kama sunan kowa ba, har gidan talabijin ɗin da muka yi wa aiki.

A Tudun Wada aka haife ni. Baba ma'aikaci ne a ɗaya daga cikin masaƙun Kakuri, tun lokacin da idan an tashi daga aiki kekuna ke cika titi har mota ta rasa hanyar wucewa. Inna kuwa ba mawaƙiya ba ce, amma duk gidan da ake biki ko suna a layinmu, ita ake aika wa ta zo ta ja kiɗan ƙwarya. A kifa ƙorai a kan tabarma, a kifa wata a cikin baho mai ruwa, mata su kewaye, a rufe ƙofar zaure. A gefen zanenta na koyi amshi. Da dare kuma mu fita dandali mu yi gaɗa har sai an leƙo an kira mu.

Mu 'yan Kaduna da talabijin muka tashi, domin tun 1962 gwamnatin Sardauna ta kafa gidan rediyo da talabijin a garin, wanda ɓangarensa na talabijin ya koma ƙarƙashin NTA a 1977. Ba kowane gida ke da akwatin ba. Gidan maƙwabcinmu muke taruwa da yamma, yara a ƙasa, manya a kan benci, mu kalli Samanja, mu kalli Shata da Ɗan Maraya. Ranar da na fara ganin Barmani Choge a cikin akwatin nan da matanta a zaune suna buga ƙwarya, irin wadda Inna ke bugawa a tsakar gida, ban iya barci ba. Ashe abin da muke yi a bayan ƙofa yana iya fita duniya ta gani.

Na gama sakandare, babu kuɗin ci gaba. Ina zaune a gida sai wata malamarmu ta aiko cewa wani gidan talabijin na neman 'yan mata masu murya don wani sabon shiri na mako-mako. Da na gaya wa Baba, bai ko ɗago kai ba. Ya ce, "Ke, a gidan nan ba a roƙo." Duk wanda ya san ƙasar Hausa ya san abin da yake nufi. Namiji ma idan ya ɗauki waƙa maroƙi ake ce masa, balle mace, wadda nan take za a kira ta zabiya. Inna ce ta yi ta bin sa a hankali. Ta ce, "Malam, ba gidan biki za ta ba. Ofis ne, ga yayanta nan ya riƙa raka ta." Daga ƙarshe ya amince da sharaɗi: ba rawa, ba wasa wani mai kuɗi don a yi mini liƙi, mayafina a jikina, kuma isha'i ta same ni a gida. Na riƙe sharuɗɗan nan duk tsawon zamana a talabijin.

Mu huɗu aka zaɓa. Babbarmu bazawara ce daga Unguwar Sanusi, ta taɓa yi wa wata mai amada amshi a wajen Funtua, Yaya muke kiranta. Sai wasu 'yan'uwa biyu Kiristoci, 'yar wa da 'yar ƙani, asalinsu kudancin Kaduna ne amma a Tudun Wada suka girma, Hausa a bakinsu kamar tawa. A kwayar coci suka koyi waƙa, iyayensu mata kuma 'yan Zumuntar Mata ne. Sai ni, ƙaramarsu.

A nan ne abin da ya bambanta mu da kowa ya samo asali. Mu a waƙarmu ta gargajiya, jagora ta bayar, 'yan amshi su karɓa da murya guda, kowa a kan layi ɗaya. Su kuwa sun saba da raba murya: wata ta hau sama, wata ta tsaya tsakiya, wata ta yi ƙasa, a haɗu a wuri ɗaya. Da farko abin ya gagare ni. Da na ji muryar ta kusa da ni sai tawa ta bi ta. Babbar cikinsu ta riƙa sa ni in toshe kunne ɗaya da yatsa, ta ce, "Ƙanwata, saurari kanki, kar ki saurare ni." Yaya kuma ta koya musu yadda ake karya harshe a waƙar amada, da inda ake jan numfashi don kar karin ya tsinke. Muka ɗauko waƙoƙin gaɗa da na daka da na reno da na kai amarya, muka ɗora musu muryoyi hawa-hawa. Da Baba ya ji mu karon farko, sai ya ce abin kamar saƙa ne, zaren tsaye da na kwance, in ka zare ɗaya babu zane. Daga ranar bai sake kiran abin roƙo ba.

Shirin na awa ɗaya ne, ana nuna shi a ƙarshen mako. Mu muke buɗewa da waƙa, mai gabatarwa ya shigo, a yi hira da baƙo, 'yan wasan barkwanci su yi nasu, a yi gasar kacici-kacici ta 'yan makaranta, a karanta wasiƙun gaishe-gaishe. Duk tsakanin wani sashe da wani, mu ne. Mai kallo yana ganin 'yan mata huɗu cikin anko suna murmushi, bai san zafin da ke ɗakin ba. Fitilun sama suna gasa mutum, ba a kunna fanka saboda ƙararta na shiga cikin ɗauka, hoda ta jiƙe ta gangaro wuya. Makirfo ɗaya muke kewayewa, don haka mai ƙarfin murya ta ja baya da taku ɗaya, mai siririyar murya ta matso. Wani mutum da abin sauraro a kunne ya durƙusa a gefen kyamara yana ƙirga mana da yatsu, in ya naɗe na ƙarshe mu ɗauka. Wata ta yi kuskure, a koma farko. A ɗauke wuta, a zauna jiran janareto, a koma farko. Ankonmu atamfa ce ta Kakuri, tela a Kasuwar Barci ke ɗinka mana, kuma da kuɗinmu muke yi.

Ina son a fahimce ni: na ji daɗin shekarun nan ƙwarai. Ban taɓa samun abin da ya cika mini zuciya kamar lokacin da muryoyin nan huɗu suka haɗu daidai ba, har ka ji tsikar jikinka ta tashi. A bas kwandasta kan ce a bar kuɗin, a kasuwa mata su riƙe mana hannu suna cewa waƙar renon da muka yi ita kakarsu ke yi musu. Tare muke cin abinci a kwano ɗaya. Da azumi 'yan'uwan nan biyu ba sa shan ruwa a gabanmu, da Kirsimeti kuma ni da Yaya mu je gidansu da goro.

Amma ga yadda ake biyanmu. Bayan ɗauka a miƙo wa kowa ambulan, a ce kuɗin mota ne, mu sa hannu a wani babban littafi. Babu takardar aiki, babu yarjejeniya, babu inda aka rubuta cewa waƙoƙin namu ne. Da shirin ya karɓu, sai aka fara kawo mana waƙoƙin talla: sabulu, takin zamani, rigakafin yara, haɗin ruwan gishiri da sukari. Mu zauna mu tsara baitocin da kanmu, mu rera, a ba mu na goro sau ɗaya, tallar ta yi ta yawo a rediyo da talabijin shekara da shekaru. Yaya ta taɓa tsayawa ta ce wa mai shirin, "Ranka ya daɗe, da an rubuta mana wani abu mu riƙe." Ya yi dariya ya ce, "Haba Hajiya, ai ku 'yan gida ne." A lokacin mun ji daɗin maganar har cikin rai. A ƙarshen shiri ana jera sunayen mai kyamara da mai fitila da direba, mu kuwa kalma ɗaya ake rubuta mana: 'yan amshi.

A waje kuma akwai wani nauyin. Waɗanda ke tafa mana su ne ke cewa ba za su bar ɗansu ya auri 'yar talabijin ba. Manema biyu suka janye saboda maganar dangi. Ban taɓa taka gidan rawa ba, amma ba mai tambayar wannan.

Sai ranar Litinin, 21 ga Fabrairun 2000, ranar da rikici ya ɓarke a garin. Duk ɗan Kaduna da ya kai shekaru ya san inda yake a ranar, ba sai na ba da labarin abin da idona ya gani ba. Lokacin babu wayar hannu. Muna kulle a gida, hayaƙi ta ko'ina, ban san halin da 'yan'uwan nan biyu ke ciki ba, alhali layi kaɗan ne tsakaninmu. Da aka sassauta dokar hana fita na je gidan da suke haya, na tarar da bango kawai. Daga baya na ji sun tsira zuwa bariki, amma yayan ƙaramar bai tsira ba. Mu ma ɗan ƙanwar Inna da ke aiki a ƙetaren kogi bai dawo ba. Garin ya rabe: Musulmi suka yi ta komawa arewacin kogi, Kiristoci suka yi kudu. Su suka koma Sabon Tasha.

Bayan ƙura ta lafa aka kira mu mu yi waƙar zaman lafiya. Muka haɗu a ƙofar situdiyo, muka rungume juna, ba wadda ta iya cewa komai sai "ya muka ji da haƙuri". Aka kunna fitilu, mutumin nan ya ƙirga da yatsu, Yaya ta bayar, muka karɓa. Da aka zo baitin ƙaramar, ta buɗe baki, babu abin da ya fito. Aka koma farko, haka. Ta cire ɗankwalin ankon ta riƙe a hannu, ta ce, "Yaya, ku yafe ni, ba zan iya ba." Ba ta sake tsayawa gaban kyamara ba, ta koma ƙauyensu wajen Kafanchan. Mu uku muka ƙarasa waƙar, aka yi ta nuna ta, mutane na yabawa. Ni duk lokacin da na ji ta, gurbin muryar nan ta sama nake ji.

Muka ci gaba da lallaɓawa mu uku. Rikicin Nuwambar 2002 ya zo, babbar 'yan'uwan nan ma ta daina ƙetaro gada, iyayenta suka hana, kuma ban ga laifinsu ba. Masu ɗaukar nauyin shirin suka ja baya. Wata rana muka je gwaji ni da Yaya, mai gadi ya ce mana an dakatar da shirin. Iyakar sallamar da aka yi mana ke nan.

A tsakanin nan na yi aure, da mutumin da ya san sana'ata kuma ya ce ya ji ya gani. Danginsa ne ba su gani ba. Ina cikin haƙuri da wannan sai masaƙun Kakuri suka fara rufewa ɗaya bayan ɗaya, ta su Baba ma ta rufe. Mutumin da ya yi rayuwarsa yana fita da asuba ya koma zaman ƙofar gida, hawan jini ya kama shi. Ƙannena na makaranta. Abin da na iya shi ne waƙa, sai na koma gare ta.

Amma waƙar ta riga ta canja. Fiyano ya shigo tare da finafinan Hausa, yaro ɗaya a ƙaramin ɗaki da fiyano da kwamfuta yana yin aikin makaɗa goma. Ba a bukatar mata huɗu kuma. Mace ɗaya za ta rera amshi, a sake ɗaukarta a kan muryarta, a sake, har ta zama taro. Wannan macen ita ce ni. Kuma salon da ake so shi ne siririyar murya can sama, wadda ba nan Allah ya ajiye tawa ba. Na riƙa matsa maƙogwaro ina hawa. Lokacin zaɓen 2003 aiki ya yi yawa, 'yan siyasa kowa na son waƙa, situdiyo kuma sai dare ake samun wuta da shiru. Sharaɗin isha'i ya faɗi, ba don na raina Baba ba, sai don maganinsa da abincin gidan daga nan suke fitowa. Maigidana ya yi haƙuri iyakar iyawarsa, magana ta yi yawa a kunnensa, a 2005 ya ba ni takardata. Na dawo Tudun Wada da 'ya'ya biyu. Ba na zaginsa, har yau yana kula da 'ya'yansa.

Muryar ta fara ba ni alama tun kafin nan. Da safe ta dushe, sai rana ta yi ta washe. Na sha zuma da citta da kanumfari da lemun tsami, duk abin da aka ce. Ba wanda ya taɓa gaya mini cewa murya tsoka ce mai gajiya, tana son hutu da ruwa. A kakar zaɓen 2007, ina tsakiyar ɗauka, ta tsaya cak. Iska kawai ke fita.

Wata maƙwabciyarmu nas ce ta tura ni cibiyar kula da kunne da hanci da maƙogwaro ta ƙasa da ke nan Kaduna. Likita ya duba ya ce wasu ƙulle-ƙulle ne suka fito a kan tantanin muryata saboda yawan gogayya, kamar yadda yake faruwa ga malaman makaranta da masu talla da mawaƙa. Ya ce da na zo tun farkon dushewar, hutu da horon murya kaɗai sun isa. Ya hana ni waƙa, ya hana ɗaga murya, ya hana yawan gyaran murya, har raɗa ya hana, ya ce ita ma tana wahalar da maƙogwaro. Ya ce duk dushewar da ta wuce 'yan makonni ba ta tafi ba, asibiti ake kai ta. Na ce, "Likita, za ta dawo?" Ya ce ta magana za ta dawo in sha Allahu, ta waƙa kuwa ba zai yi mini alkawari ba.

Watannin da suka biyo baya su ne mafi duhu a rayuwata. Da tafi nake kiran 'ya'yana. Wata rana ina wanke-wanke, ƙaramin ya nufi bakin murhu, na buɗe baki in tsawata masa, babu murya, sai da na watsar da kwanon na ruga na cafe shi. A daidai lokacin rediyon maƙwabta na sa wata tsohuwar tallarmu, muryata ce ke tashi tsaf a tsakar gidan, mu huɗu, tallar da aka biya mu sau ɗaya tun ina budurwa. Na zauna a ƙasa da yaron a cinyata na yi kukan da ban yi ba ranar da aka sake ni. Na daina fita, na daina cin abin kirki. Inna ce ta tsaya a kaina. Kullum da asuba ta zo ta zauna kusa da ni da carbinta, ta ce, "Wanda ya ba ki ita ya san dalilin karɓa. Tashi ki ci abinci." Baba ya rasu a cikin wannan shekarar, ban iya ko amsa gaisuwar masu ta'aziyya da baki ba.

Da na ɗan farfaɗo, sai na ƙudura in nemo aikinmu, ko don yara. Na koma gidan talabijin ɗin. Wani tsohon ma'aikaci da ya gane ni ya kai ni ɗakin ajiya, ya gaya mini gaskiya: kaset na da tsada a wancan zamani, idan an nuna shiri sai a ɗauki wani a kansa. Ɗan abin da ya rage kuma zafi da ƙura sun cinye. Ya ba ni haƙuri kamar shi ya yi. Na je na gaya wa Yaya, lokacin tana kwance ba lafiya, tana sayar da ƙuli-ƙuli daga kan gado ta hannun jikokinta. Ta yi shiru, sannan ta ce in zauna ta maimaita mini baitocin in rubuta, tun tana iyawa. Na cika littafi guda. Ba ta daɗe ba Allah ya karɓi abarsa. Matar da rabin garin nan ya san muryarta, ko sanarwar rasuwarta ba a yi ba. Allah ya jiƙanta, ya sa ta huta.

Sai daga baya na san cewa tun 1988 Najeriya na da dokar haƙƙin mallaka, akwai kuma hukumar da ke kula da ita, an ma sabunta dokar a 2023, kuma mai rera waƙa na da haƙƙi a cikinta ba mai tsarawa kaɗai ba. Amma doka na tambayar shaida, mu kuwa ba mu da ko guntuwar takarda. Shi ya sa duk yarinyar da ta zo mini yanzu ta ce an kira ta amshi, nakan tambaye ta: an rubuta nawa za a ba ki? An rubuta inda za a yi amfani da muryar, da tsawon lokacin? Za a sa sunanki? Kin karɓi kwafinki? Wasu na ganin tsaurin ido ne mace ta tambayi haka. Ni a ganina wanda ya ji haushin tambayar, dama bai yi niyyar biya ba.

Muryar magana ta dawo, da ɗan kaushi. Ta waƙa ba ta dawo yadda take ba, sama ta rufe, sai ƙasa-ƙasa. Na koyi ɗinki, da shi na yi wa yara makaranta, babbar tana jami'a yanzu. Wata makarantar firamare a Unguwar Sanusi kuma ta ɗauke ni ina koya wa yara waƙoƙin gargajiya, da sarewa nake tara su don kar in ɗaga murya.

Shekarun baya 'yata ta buɗe mini Facebook, a nan babbar 'yan'uwan nan ta gano ni. Tana Barnawa, ta zama shugabar kwaya a cocinsu. Ni na fara ƙetara gada na je wurinta, ita ma ta zo Tudun Wada, karo na farko tun da suka tashi, ta tsaya a inda gidansu yake, ta gaisa da tsofaffin layin da suka gane ta. Ƙaramar tana can ƙauye da 'ya'yanta, muna waya, ta ce har yau ba ta waƙa ko a coci, amma ta yarda ta tuna mana layinta na sama.

Yanzu mun fara ɗaukar waƙoƙin daga littafin Yaya. 'Yata ce ke jan baitin Yaya, 'yar abokiyar tawa ta ɗauki muryar sama, uwar ta riƙe tsakiya, ni na koma ƙasa inda maƙogwarona ya yarda. Wata ɗaya a gidana, wata ɗaya a gidanta. Kafin mu shiga situdiyo mun sa an rubuta takarda, kowa ta sa hannu, har da kason jikokin Yaya da na ƙaramar da ke ƙauye. Muna kuma cigiya: a wancan lokacin gidaje da yawa na da bidiyo, wasu kan ɗauki shirye-shiryen talabijin su ajiye. Duk wanda ke da tsofaffin kaset a akwati ko a ƙarƙashin gado, don Allah ya duba kafin ya zubar. In ya ga mata huɗu cikin anko sun kewaye makirfo ɗaya, mu ne, kuma za mu biya kuɗin juyawa.